Nargis: Yarinyar Da Ta So Zama Likita Ta Zama Uwar Indiya

Yau da tambaya za mu fara: wane ne Ɗan Daba Mai Lasin? Wanda bai sani ba ya tambayi baba ko kawu, nan take za su ce masa ai Sanjay Dutt ne, jarumin fina-finan Indiya. Masu zuwa silima a ƙasar Hausa ne suka raɗa masa wannan laƙabi tun kafin a haife ku. Wasunku kuma sun san shi a kashi na biyu na fim ɗin KGF, inda ya fito a mugun nan Adheera. To, shi ma ɗan wata ne, kuma labarin mahaifiyarsa muka kawo muku a wannan mako.

Sunanta Nargis. Daga ƙarshen shekarun 1940 zuwa ƙarshen shekarun 1950, in ana lissafa manyan 'yan wasa mata na Indiya, sunanta yana sahun gaba tare da su Madhubala da Meena Kumari. Abin da ya ja hankalinmu gare ta shi ne, lokacin da take kamar shekarunku, tana zaune a aji kamar yadda kuke zama, fim ba ya cikin lissafinta. Likita take son zama, kuma ba ta zama ba. Za mu bi yadda burin ya kuɓuce mata, mu ga kuma abin da ta yi da ragowarsa bayan shekara talatin.

Gidan da ta tashi

An haife ta ranar 1 ga Yuni, 1929, a birnin Kalkata, lokacin Indiya tana ƙarƙashin mulkin Turawan Ingila. Sunanta na yanka Fatima Rashid. Nargis sunan fim ne, kalmar Farisanci ce, sunan wani fure mai ƙamshi da Larabawa ke kira narjis.

Mahaifiyarta Jaddanbai shahararriyar mawaƙiya ce, tana kuma cikin matan farko a Indiya da suka tsara kiɗan fim, suka kafa kamfanin shirya fim na kansu. Mahaifinta ɗan gidan masu hali ne mabiya addinin Hindu, ya musulunta, ya ɗauki sunan Abdul Rashid. Daga baya iyalin suka koma Bombay, birnin da yanzu ake kira Mumbai, inda masana'antar fim take.

A wancan zamani mutane ba sa ganin darajar mawaƙiya ko 'yar fim. Za su saurari waƙarta su yi mata tafi, amma ba mai son ɗansa ya kawo ta gida. Jaddanbai ta san wannan sarai. Ta sa 'yarta a makarantar 'yan mata ta Queen Mary da ke Bombay, a can ne yarinyar ta ƙulla burin karatun likita.

Sai dai wanda ya tashi a gidan maƙera da wuya bai taɓa zuga-zugi ba. A 1935, tana 'yar shekara shida, uwar ta sa ta a wani fim nata mai suna Talash-e-Haq, aka rubuta sunanta Baby Nargis. Ta ƙara fitowa a matsayin yarinya a wasu fina-finan, amma makaranta ce babban abin da ke gabanta.

Shekara goma sha huɗu

A 1943 babban daraktan nan Mehboob Khan, wanda ya saba da gidansu, yana neman sabuwar fuska da za ta ja wani fim nasa. Idonsa ya faɗa kan Fatima. Masu rubuta tarihinta sun ce ba da son ranta ta je gwaji ba, amma Mehboob ya ga abin da yake nema. Sunan fim ɗin Taqdeer, ma'anarsa ƙaddara. Shekararta 14, sa'ar 'yan aji uku na ƙaramar sakandare, aka haɗa ta da jarumi Motilal wanda ya girme ta da kusan shekara ashirin.

Fim ya karɓu, wani ya biyo bayan wani, aji kuwa ya yi ta yin nisa har ya ɓace. A nan muna so ku ɗan dakata. Da yawa daga cikin matasa a yau ba abin da suke nema kamar a san su, ko a fim ko a TikTok. Nargis ta samu wannan tun ba ta nema ba, kuma kuɗin da ta biya shi ne karatunta. Manya ne suka yanke shawarar, ita kuma ta zauna da sakamakon har ƙarshen rayuwarta. A 1949 mahaifiyarta ta rasu, ta bar ta tana 'yar shekara 19, lokacin da komawa makaranta ya riga ya zama zancen da ba mai tayar da shi.

Tun da abin ya zama sana'a, sai ta riƙe shi da gaske. A wannan shekara ta 1949 ta fito a Andaz tare da Dilip Kumar da Raj Kapoor, sannan a Barsaat, duka biyun suka yi kasuwa sosai. Masu kallo suka lura wasanta ya bambanta da na 'yan wasan da suka gabace ta, waɗanda suka saba da ɗaga murya da wurga hannuwa irin na dandamali. Ita takan yi magana kamar yadda mutane ke yi a gida, ta bar fuskarta ta ƙarasa sauran.

Shekarunta da Raj Kapoor

Ita da Raj Kapoor sun yi fim 16 tare. A Awaara na 1951 ta fito a lauya mai suna Rita, wadda ta tsaya gaban kotu tana kare saurayinta. Ku tuna shekara huɗu ke nan kacal da samun 'yancin kan Indiya, lokacin da mata lauyoyi ba su da yawa. A Shree 420 na 1955 kuma ta fito a malamar makaranta mai suna Vidya, sunan da ke nufin ilimi. Awaara ya tsallake iyakar Indiya, ya yi farin jini na ban mamaki a Tarayyar Sobiyet, har a 1954 suka je Mosko cikin tawagar 'yan fim, jama'a suka yi dafifi don ganinsu.

A bayan kyamara ma akwai shaƙuwa tsakaninsu, abin da duk Bombay ta sani. Amma Raj Kapoor yana da mata da 'ya'ya, kuma bai da niyyar rabuwa da su. A fina-finan kamfaninsa ma labari a kansa yake zagayawa. Zuwa 1956 suka raba hanya. Nargis tana da shekara 27, mutane sun saba ganinta a gefen mutum guda, ana ta tambayar ko za ta iya tsayawa ita kaɗai.

Mother India

Sai ga Mehboob Khan ya dawo, wato mutumin da ya fitar da ita daga aji. Yana son sake yin wani tsohon fim nasa na 1940 mai suna Aurat, a wannan karo da launi, da sabon suna Mother India, wato Uwar Indiya. Matsayin da ya ba ta abin tsoro ne ga 'yar wasan da ake yabon kyanta. Za ta fara a amarya, ta ƙare a tsohuwa mai furfura da tamoji, kuma mazan da za su fito a 'ya'yanta, Sunil Dutt da Rajendra Kumar, sa'anninta ne. Za ta shiga taɓo har wuya, ta ja garma da kafaɗarta. Ta amince.

Ga labarin a taƙaice. Radha ta auri wani manomi mai suna Shamu. Don a yi bikin, uwar ango ta ci bashin rufi 500 a wurin wani mai ba da kuɗi da ruwa, Sukhilala. Da kaka ta yi sai gardama ta tashi a kan sharaɗin bashin. Tsohuwa ta ce ba haka suka yi ba, amma takarda tana hannun mai kuɗi, su kuwa ba su iya karatu ba. Dattawan gari suka ba shi gaskiya: kashi uku cikin huɗu na amfanin gona nasa ne duk shekara, a matsayin kuɗin ruwa kawai. Ku buga lissafin da kanku. In gona ta ba da buhu 20, Sukhilala zai kwashe 15, iyali su rayu da biyar, uwar kuɗi kuma tana nan ba ta motsa ba.

Shamu ya yi ƙoƙarin share wata gona mai duwatsu don ya ƙara abin da suke samu, wani ƙaton dutse ya danne masa hannuwa biyu, ya rasa su. Kunyar zama a ciyar da shi ta sa ya bar gida cikin dare, bai sake dawowa ba. Ambaliya ta cinye gari da amfanin gona, Radha ta rasa ƙananan 'ya'yanta, biyu suka rage. Sukhilala ya yi mata tayin abinci in za ta ba da kanta, ta ƙi. Ta roƙi mutanen gari kada su yi ƙaura, ta ja garma da kanta saboda ba shanu, ta raini Ramu da Birju. Ramu ya tashi mai haƙuri. Birju ya tashi da wutar abin da aka yi wa gidansu a zuciya, har ya zama ɗan fashi. Ranar bikin 'yar Sukhilala ya dawo ya kashe uban, ya ɗauke amarya a kan doki. Radha ta riga ta yi alkawari cewa ɗanta ba zai taɓa mutuncin 'yar kowa ba. Ta kira shi ya ƙi tsayawa, ta ɗaga bindiga ta harbe shi, ya cika a hannunta.

Fim ɗin ya fito a watan Oktoba na 1957, shekara goma bayan 'yancin kai, 'yan Indiya suka ga ƙasarsu a jikin Radha. Shi ne fim ɗin Indiya na farko da ya kai zagayen ƙarshe na gasar Oska a rukunin fina-finan harsunan waje, ko da yake wani fim ɗin Italiya ne ya lashe. A 1958 Nargis ta karɓi kyautar gwarzuwar 'yar wasa a bikin fina-finai na Karlovy Vary da ke ƙasar Cekoslobakiya ta wancan lokaci. A shekarar ce kuma gwamnatin Indiya ta ba ta lambar girmamawa ta Padma Shri.

Gobarar da ta zama sanadin aure

Akwai wani wuri a fim ɗin da Radha ke gudu tsakanin tarin ciyawa mai cin wuta tana neman Birju. Wutar gaske aka kunna, a wani ƙauye na yankin Gujarat. Ana cikin ɗauka iska ta juya, wuta ta kewaye Nargis. Sunil Dutt, wanda a lokacin sabon shiga ne, ya fizgi bargo ya faɗa ciki, ya lulluɓe ta ya fito da ita. Ya ƙone a fuska da ƙirji, ya kwanta jinya, ita kuma ta zauna tana kula da shi har ya warke. Wannan ne karo na farko da muka ga yarinyar nan mai son likitanci a bakin gadon majiyyaci.

Suka yi aure ranar 11 ga Maris, 1958. Auren ya jawo surutu, don addininsu ba ɗaya ba ne, ga shi kuma duk ƙasa ta gama kallonsa a matsayin ɗanta. Suka haifi 'ya'ya uku, Sanjay da Namrata da Priya. Tana kan ganiyarta, ba ta cika shekara 30 ba, ta janye daga fim. Wanda ya fito mata daga baya, Raat Aur Din na 1967, inda ta yi wasan mace mai larurar ƙwaƙwalwa da ke sa ta zama kamar mutum biyu, shi ya ba ta kyautar gwarzuwar 'yar wasa ta ƙasa, kuma ita ce ta fara karɓar wannan kyauta.

Yadda ta iso ƙasar Hausa

Tun shekarun 1950 'yan kasuwa Kwarori suka fara shigo da fina-finan Indiya gidajen silima na Arewa, Kano da sauran birane. Ba a fassara su a lokacin, amma mutane suna gane labari sarai. Wani masani, Brian Larkin, wanda ya yi bincike a Kano a shekarun 1990, ya rubuta cewa Mother India yana nan yana tara jama'a a silima shekaru da dama bayan fitowarsa.

Dalilin ba ɓoyayye ba ne. Bahaushen da ya san shanun huɗa, ya san fargabar damina, ya san abin da bashin ba-da-kaka ke yi wa manomi, ba ya bukatar tafinta kafin ya gane halin da Radha take ciki. Haka nan duk wanda ya ga uwa ta riƙe marayu ita kaɗai. Ku tambayi kakanninku da suka yi zamanin silima, da wuya a rasa wanda zai ba ku labarin fim ɗin tun daga farko har ƙarshe.

Ragowar burin

Bayan ta bar fim ba ta naɗe hannu ba. Ita da mijinta suka kafa ƙungiyar 'yan wasa da mawaƙa mai suna Ajanta Arts, suna zuwa bakin iyakoki masu nisa suna nishaɗantar da sojoji.

Aikin da ya fi kusa da tsohon burinta ya zo a farkon shekarun 1970. Wata mata mai suna Mithu Alur ta haifi 'ya mai larurar nan da ke samun ƙwaƙwalwar jariri ta hana shi sarrafa gaɓoɓinsa yadda ya kamata, ko da kuwa hankalinsa garau yake. A lokacin irin waɗannan yara a gida ake ɓoye su, makarantu ba sa karɓarsu. A 1972 Mithu Alur ta kafa ƙungiyar Spastics Society of India, wadda ta buɗe makaranta a Bombay, Nargis ta zama uwar ƙungiyar ta farko. Sunan da ta yi a fim shi ta yi amfani da shi wajen neman gudummawa da jawo hankalin hukuma da jama'a. Ƙungiyar tana nan har yau da sunan ADAPT.

A 1980 aka naɗa ta 'yar majalisar dattawan Indiya, wadda suke kira Rajya Sabha. A can ta yi wata magana da ta jawo mata suka, inda ta zargi babban darakta Satyajit Ray da tallata talaucin Indiya ga Turawa a fina-finansa. Masu mayar mata da martani suka tuna mata cewa fim ɗin da ya ɗaukaka ta ma labarin talauci ne. Mun kawo wannan ne don ku san cewa Nargis ba Radha ba ce, mutum ce mai ra'ayi, wani a yarda da shi wani a yi gardama.

Kujerar da aka bari ba kowa

Ba ta daɗe a majalisa ba ta kwanta rashin lafiya. Likitoci suka gano ciwon daji a wata gaɓa da ke bayan tumbi mai samar da sinadarin insulin, wadda suke kira fankiriyas. Aka kai ta asibitin Sloan Kettering da ke birnin Niyu Yok na Amurka, ta yi watanni tana jinya, sannan aka dawo da ita Bombay. Ta rasu ranar 3 ga Mayu, 1981, tana da shekara 51, aka binne ta a maƙabartar Musulmi ta Bada Qabrastan. 'Yan kwanaki bayan haka aka yi bikin nuna Rocky, fim ɗin farko da Sanjay ya ja, aka bar kujera ɗaya ba kowa a kanta, ta mahaifiyarsa.

Shi Sanjay a lokacin ya riga ya faɗa shaye-shayen miyagun ƙwayoyi, abin da shi da bakinsa ya sha faɗa a hirarraki, sai da aka kai shi gidan gyaran hali a Amurka kafin ya rabu da su. Suna da dukiyar gidansu ba su kare shi daga wannan ba.

Sunil Dutt ya ga irin kuɗin da jinyar ciwon daji ke ci, ya kafa gidauniya da sunan matarsa don taimaka wa majiyyata marasa ƙarfi da sayen kayan aikin asibiti. A garin Barshi na jihar Maharashtra akwai asibitin ciwon daji mai ɗauke da sunan Nargis Dutt, yana duba mutanen karkara irin su Radha. 'Yarsu Priya, wadda ita ma ta yi majalisa, ta ci gaba da riƙe gidauniyar bayan rasuwar uban a 2005. Wani abin ban sha'awa, a 2003 Sanjay ya yi fim ɗin Munna Bhai MBBS, inda ya fito a ɗan daban da ke yi wa iyayensa ƙaryar shi likita ne, Sunil Dutt kuma ya fito a mahaifinsa.

Abin da muke so ku tafi da shi

Nargis ba ta taɓa rataya abin awon ƙirji a wuya ba, amma yau likitoci suna aiki a asibitin da ke ɗauke da sunanta. Abin da ke ƙarƙashin burinta, wato son kula da mara lafiya, bai mutu ba, ya jira har ya samu wata ƙofa. Wannan abin ƙarfafa gwiwa ne ga duk wanda jarrabawa ko rashin kuɗi ko shawarar manya ta karkatar da shi daga abin da ya so.

Duk da haka ba za mu ɓoye muku ɗaya gefen ba. Lambobin yabo da tafin Mosko ba su mayar mata da shekarun makarantar da ta rasa ba, kuma cikin dubban yaran da ake cirewa daga aji suna da shekara 14, ba kowa ke zama Nargis ba. Mafi yawa suna ƙarewa ne kamar surukar Radha, a gaban takardar da ba za su iya karantawa ba. Ku da kuke aji yanzu, abin da ya kuɓuce mata yana hannunku tukuna.

Aikin wannan mako guda biyu ne. Ku nemi wani babba a gidanku da ya kalli Mother India, ku tambaye shi a wace silima ya gani da wurin da ya fi taɓa masa zuciya. Sannan ku rubuto mana amsar wannan: da ke ce Fatima, ko da kai ne yayanta, ranar da Mehboob Khan ya zo gida da tayinsa, me za ku ce wa Jaddanbai? Za mu buga amsoshin da suka fi ma'ana a fitowa ta gaba.